Gawon Gulbi ya Farka: Shagari Tsakanin Tudu da Ruwa

Wanda ya tashi daga Sakkwato bayan sallar asuba ya nufi Jega, kafin rana ta yi ƙarfi ya riga ya bar Shagari a baya. Mota za ta wuce kwanar filin jirgin sama na Sultan Abubakar na Uku, ta ratsa Boɗinga, ta bi ta tsakiyar gonakin gero masu bishiyoyin gawo jefi-jefi, sai direba ya ɗan sassauta ƙafa saboda masu talla a bakin titi. A nan ne wani fasinja zai nuna da haɓa ya ce ga garin tsohon shugaban ƙasa nan. Mutanen mota su amsa da "Allah ya jiƙansa", direba ya sake ba ta wuta, a nufi Kajiji da Tambuwal. A wurin mafi yawan 'yan Nijeriya, Shagari sunan mutum ne. Waɗanda ma suka san gari ne, iyakar saninsu ke nan: bakin titi da addu'a ɗaya.

Wanda ya sauka ya kwana biyu kuwa, zai tarar hirar da ake yi a gindin darbejiya da majalisun dare ba ta siyasar Jamhuriya ta Biyu ba ce. Hirar ruwa ake yi. Ina ya kai bana, gonar wa ya ci, nawa buhun albasa ya yi a kasuwa, wa ya sassaƙo sabon kwalekwale, 'ya'yan wane gida aka binne a shekarar da jirgi ya kife. Garin da aka kafa a kan tudu, wanda kakanninsa manoma ne da makiyaya da fatake da malamai, yau ya zama garin bakin ruwa, kuma ya zama hakan ne cikin ƙasa da rayuwar mutum ɗaya.

Tudu, faƙo da fadama

Ƙaramar hukumar Shagari tana da faɗin murabba'in kilomita 1,332, kuma ƙidayar 2006 ta ba ta mutum 156,413. Maƙwabciyarta Boɗinga tana da murabba'in kilomita 564 kawai, amma jama'arta a wannan ƙidaya 175,406 ne. Wato ƙasar Boɗinga ba ta kai rabin ta Shagari ba, ta kuwa fi ta mutane. Manomi ba ya bukatar alƙaluma kafin ya gane haka. Kusa da birnin Sakkwato gona tana manne da gona, babu saura, babu daji, kowace taki an san mai ita. Sai an gangaro kudu ƙasa take fara buɗewa, a fara ganin sabara da geza da kalgo tsakanin ƙauye da ƙauye. Shagari tana daidai wannan gaɓa, inda cunkoson karkarar birni yake ƙarewa. Garuruwanta su ne Dandin Mahe, Gangam, Horo Birni, Jaredi, Kajiji, Kambama, Lambara, Mandera da Sanyinnawal, da ɗimbin ƙananan ƙauyuka da rugage da taswira ba ta damu da su ba.

Damina a nan wata huɗu ce, daga Yuni zuwa Satumba, ita ma ba kullum take cika alkawari ba. Sauran watanni takwas na rani ne: kaka ta zo da roron wake da ɗaurin gero, hunturu ya zo da ƙurarsa, bazara ta rufe da zafin da ke haura digiri 40 a watan Afrilu. Saboda haka mutumin wannan yanki yake rarrabe ƙasa da sunaye kamar yadda uba yake rarrabe 'ya'yansa. Akwai jigawa mai rairayi, gidan gero da wake. Akwai faƙo mai tauri wanda ruwa ke zamewa a kansa ba ya shiga. Akwai fadama mai laka, wadda ke riƙe damshi bayan sama ta ɗauke, wadda kuma a kanta ake yin rigimar gado mafi zafi. Gidan da ke da ko da ɗan yanki a fadama ya san ba zai aika 'ya'yansa duka cin rani ba.

Wani abin mamaki shi ne, wannan busasshiyar ƙasa ta taɓa zama gindin teku. Masana duwatsu sun nuna cewa fiye da shekaru miliyan 60 da suka wuce ruwan gishiri ne ya lulluɓe kwarin Sakkwato. Farar ƙasar Kalambaina da ake sarrafa siminti da ita ragowar wannan teku ce, kuma akwai wata ƙatuwar dabbar ruwa ta wancan zamani da aka tono ƙasusuwanta a lardin, Turawa suka raɗa mata suna daga sunan Goronyo. Ruwa ya riga mutum zama a nan, ya tafi, ya bar alamunsa.

Ɗaya daga cikin alamun shi ne kwarin da Shagari ke gefensa, wanda ake kira Gawon Gulbi. Yana cikin rassan da ruwansu ke gangarawa zuwa Gulbin Rima da na Sakkwato, daga can zuwa Kwara. Duk Bahaushen da ya ji sunan, kunnensa zai kama abu biyu. Na farko gawa: gulbin da ya mutu, kwari mai faɗin da ya fi ƙarfin ɗan ruwan da ke bi ta cikinsa, wanda da rani mutum zai ratsa shi da ƙafa, jaki ya ratsa da kaya. Na biyu gawo, itacen nan mai saɓa wa sauran itatuwa, wanda ke kaɗe ganye da damina ya bar wa gero rana, ya yi kore shar da rani ya ba awaki 'ya'yansa. Duka biyun sun dace da wurin. Abin lura dai shi ne, wannan ba irin Gulbin Kabi na Argungu ba ne, inda yaro ke koyon iyo kafin ya koyi riƙon fartanya, inda Kabawa da Sarkawa suka gaji su da tuƙi kaka da kakanni. Mutanen Gawon Gulbi mutanen tudu ne. A riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Tsakanin Sakkwato da Gwandu

Tarihin yankin a rubuce ya fi bayyana daga 1804. A watan Fabrairun shekarar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya yi hijira daga Ɗagel zuwa Gudu, a watan Yuni aka gwabza a Tabkin Kwatto. Bayan wannan nasara jama'ar Shehu ba su da abinci, ba su da wurin zama mai aminci, sai suka gangaro Magabci, kusa da Yabo, ƙasar Muhammadu Moyijo, shugaban Fulanin yankin, wanda ya karɓe su hannu biyu. Daga wannan goyon baya ne gidan Moyijo ya sami matsayinsa, har yau kuma sarautar Yabo ita ce Sarkin Kabin Yabo. A 1805 Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya jagoranci cin Birnin Kabi, jama'a suka zauna Gwandu. Alƙalawa ta faɗi a 1808, Muhammadu Bello ya kafa Sakkwato a 1809.

Sai Shehu ya zo ya zauna Sifawa, wadda yau take cikin ƙaramar hukumar Boɗinga, ƙaninsa Abdullahi kuma ya zauna Boɗinga kusa da shi. A wannan zama ne, a 1812, aka raba kula da daula: gabas a hannun Bello, yamma a hannun Abdullahi. Shehu ya ci gaba da karantarwa da rubutu a Sifawa har 1815 da ya koma Sakkwato, inda ya rasu a 1817. Idan aka dubi taswira za a ga ƙasar Boɗinga da Yabo da Shagari tana tsakanin manyan biranen daular guda biyu. Manzanni da malamai da mayaƙa da fatake duk ta nan suke bi, kuma daular da ta fito daga yaƙi tana son makiyaya su zauna wuri ɗaya su kafa gari, su yi noma, su gina masallaci.

A irin wannan yanayi Ahmadu Rufa'i ya kafa Shagari, ya zama mai garin farko, zuriyarsa suka ci gaba da riƙe sarautar Magajin Shagari. Ƙaramin gari ne a ƙarƙashin Yabo, kuma haka ya zauna bayan Turawa sun ci Sakkwato a watan Maris na 1903, haka ya zauna a zamanin En'e, da zamanin Jihar Arewa maso Yamma daga 1967, da Jihar Sakkwato daga 1976, har zuwa lokacin da aka yanke shi daga Yabo aka ba shi ƙaramar hukumarsa. Ko a yanzu ɗan majalisar wakilai ɗaya suke turawa Abuja, na mazaɓar Yabo da Shagari.

A gidan Magaji Aliyu, wanda manomi ne kuma makiyayi kuma ɗan kasuwa kafin ya hau sarauta, aka haifi Shehu Shagari ranar 25 ga Fabrairu, 1925. Yana ɗan shekara biyar mahaifinsa ya rasu. Garin ba shi da makarantar boko a lokacin, don haka a 1931 aka kai shi elementare ta Yabo, daga nan Midil ta Sakkwato, daga nan Kwalejin Kaduna wadda ta zama Barewa. Ɗalibai na wancan zamani sukan ɗauki sunan garinsu ya zama nasu, shi ya sa muka sami Tafawa Ɓalewa da Aminu Kano a kan hanya ɗaya da shi. Shi ya ɗauki na garinsu, ya kai shi inda masu kafa garin ba su taɓa zato ba: malamin makaranta a Sakkwato da Argungu, marubucin Waƙar Nijeriya, ɗan majalisar tarayya a 1954, minista a gwamnatin Tafawa Ɓalewa, Turakin Sakkwato daga 1962, kwamishinan kuɗi na tarayya a zamanin Gowon, sannan zaɓaɓɓen shugaban ƙasa daga 1 ga Oktoba, 1979 har daren 31 ga Disamba, 1983 da sojoji suka kifar da gwamnatinsa.

Da aka sake shi daga tsare a 1986, Shagari aka mai da shi, aka taƙaita masa zirga-zirga na wani lokaci. Ya rasu a Abuja ranar 28 ga Disamba, 2018 yana da shekara 93, washegari aka yi masa sutura a garinsu. Mutane da dama da suka halarci jana'izar sun koma suna mamakin yadda garin shugaban ƙasa ya kasance kamar sauran garuruwan karkara. Wasu sun ɗauki wannan a matsayin shaidar cewa mutumin bai wawuri dukiyar ƙasa ya kai gida ba, ni ma ina cikinsu. Sai dai yabon mamaci ba ya ɗauke wa rayayyu nauyin da ke kansu.

Da aka datse gulbi

Farin da aka yi a farkon shekarun 1970 ya girgiza duk ƙasar Hausa da Sahel. Dabbobi suka mutu, rumbuna suka ƙone, gwamnati ta yanke shawarar cewa dogaro da ruwan sama kaɗai ya ƙare. A 1973 aka kafa Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima, aka shiga gina manyan madatsun ruwa. Ta Bakolori kusa da Talatar Mafara, mai ɗaukar kubik mita miliyan 450, an gama ta a 1978. Ta Goronyo, mai ɗaukar miliyan 942, ta biyo baya a shekarun 1980. Bakolori ta bar tabon da ba a mantawa: manoman da aka karɓe wa gonaki suka tashi neman diyya, a watan Afrilun 1980 'yan sanda suka far musu, aka rasa rayuka da yawa. Sojoji ne suka fara aikin, amma jinin ya zuba ne a zamanin mulkin ɗan Shagari, a shekarar da gwamnatinsa ta ƙaddamar da shirinta na bunƙasa noma. Tun daga lokacin ya kamata a ce an koyi cewa dam ba siminti da ƙasa kawai ba ne, sauya wa mutane rayuwa ne baki ɗaya.

Ita Shagari sai daga baya rabonta ya zo. A zamanin mulkin farar hula na Obasanjo, lokacin da wani ɗan garin, Mukhtar Shagari, yake ministan albarkatun ruwa, aka datse Gawon Gulbi da madatsar ƙasa mai ɗaukar kimanin kubik mita miliyan 15. In aka ajiye ta kusa da ta Goronyo, ƙoƙo ce a gefen masaki. Amma ga kwarin da aka saba ratsawa da ƙafa, teku ce. Ruwan da a da yake wucewa cikin 'yan makonni ya bar yashi, yanzu ya zauna shekara zagaye.

Alherinsa a fili yake, kuma duk wanda ya musa bai je ba. A je bakin ruwan a watan Janairu, da hantsi, lokacin da tudu ya zama toka-toka. Za a ji ƙarar ƙananan injinan ban-ruwa tun daga nesa, kowanne da mesarsa a cikin ruwa. Manomi yana tsaye ba takalmi, wando a naɗe zuwa gwiwa, ruwa yana bin 'yar hanyar da ya yi masa. Ya sa fartanya ya buɗe bakin fangali, ya tsaya yana kallo har ruwan ya kai ƙarshen layin albasa, sai ya ɗebo laka ya toshe, ya buɗe na gaba. Ba ya gaggawa, ba ya kuma ɗauke ido, don fetur ɗin da ke cikin injin da kuɗin akuya aka saye shi. Ɗansa yana can gefe yana cire ciyawa da hannu. Bayan albasa ga tattasai, ga attaruhu, ga tumatir, can ƙasa inda laka ta fi nauyi ga shinkafa. In an cire albasar, mai hali ya zuba ta a rudu ya jira ta yi daraja, marar hali ya sayar wa dillali a bakin gona, a loda ta a bi da ita hanyar Aliero da Jega zuwa kudu. Wannan yaron da ke cire ciyawa, ba don ruwan nan ba, da yanzu yana Legas ko Fatakwal yana tura baro.

Kifi ma ya samu. Tarwaɗa da karfasa sun shiga miyar gidajen da a da sai ranar kasuwa suke ganin busasshe. Masunta na gado sun biyo ruwan da taru da birgi da mamari, 'yan gari suka koya a wurinsu, mata suka sami sana'ar suya da banda. Makiyayi mai farin gudale da jajayen awakin nan na Sakkwato, waɗanda fatarsu ta yi suna har ƙetaren hamada, ya huta da jan guga daga rijiya mai gaba ashirin.

To, amma ruwan da ya zauna a kwari bai zauna a wurin da babu kowa ba. Ya zauna ne a kan hanyoyi. Hanyar gona, hanyar kasuwa, hanyar gidan surukai, hanyar biki da ta gaisuwar mutuwa, hanyar daji. Ƙauyukan da ke kallon juna, waɗanda ladanin ɗaya ke tashin mutanen ɗayan, suka wayi gari da ruwa a tsakaninsu. Zagayawa ta tudu tafiya ce mai nisa, sai mai babur ko mai kuɗin mai. Wanda ba shi da ko ɗaya, kwalekwale ya rage masa. Haka mutanen tudu, waɗanda iyayensu ba su taɓa koya musu iyo ba domin su ma ba su iya ba, suka fara shiga jirgi kullum kamar yadda ake hawa jaki.

Hanyar itace

A watan Afrilun 2022, ana cikin azumin Ramadan, jirgi ya kife da mutanen ƙauyen Gidan Magana. An tsamo gawa 29, akasarinsu matasa da yara. Itacen girki suka tafi nema. Shekara ɗaya da 'yan makonni bayan haka, a watan Mayun 2023, wani jirgin ya kife da yaran ƙauyen Dandeji, mafi yawansu 'yan mata, aka rasa aƙalla 15. Su ma itace suka tafi nema. Gidajen rediyon duniya sun ɗauki labarin, manya sun zo ta'aziyya, an yi addu'a, an watse. A ƙaramin ƙauye, mutum 29 ba adadi ba ne. Kusan babu gidan da ba a shimfiɗa tabarmar makoki ba, kuma wanda ya zo yi wa maƙwabcinsa gaisuwa shi ma ana jiransa a ƙofar gidansa.

Me ya sa itace? Wanda ke girki da gas a birni zai iya yin wannan tambaya, matar karkara ba za ta yi ba. Tuwon dawa ba ya nuna da fatan baki. Karan gero da aka tara da kaka yana da masu jiransa da yawa: darni, jinka, abincin dabbobi, toka. Zuwa bazara ya ƙare, kandilo ma ya yi wuya. Kalanzir ya fi ƙarfin talaka tun da daɗewa, gas kuwa ko tukunyarsa ba a maganarta. Itatuwan da ke kusa da gari ko dai an sare su, ko suna cikin gonar wani, kuma ba a taɓa gawo ko ɗorawar mutum. Dazuzzukan gabas, wajen Tureta da iyakar Zamfara, tsoron 'yan bindiga ya sa ba kowa ke kusantarsu ba. Saura sabara da geza da ke tsallaken ruwa. Kuma a al'adarmu ɗebo itace aikin yara ne, musamman 'yan mata. Wata don tukunyar gidansu take zuwa, wata don ta sayar ta tara kuɗin kayan ɗaki. Shi ya sa duk lokacin da aka karanto jerin mamatan, shekarunsu ke sa mutum ya kasa haɗiye yawu.

Na tsaya a irin wannan mashiga na ga yadda ake lodi. Jirgin katako ne, an toshe tsagoginsa da tsumma da kwalta, ruwa kwance a cikinsa har idon sawu tun kafin kowa ya shiga. Matuƙin saurayi ne, da doguwar gora a hannu. Yara suna gangarowa da gammo da igiya da 'yar adda, kowace tana son ta shiga wannan sawu, domin in ya tafi sai an jira ya je ya dawo, rana kuma tana yi. Ana cewa "matsa, matsa", ana zama a kan cinyar juna. Ƙaramar cikinsu aka miƙa wa gwangwani ta riƙa kwarfe ruwa. Na dubi gefen jirgin, abin da ya rage tsakanin bakinsa da ruwa bai fi faɗin tafin hannu ba. A dawowa kuwa ga ɗaurin itace a kan wannan lodi. Iska kaɗan ta bazara, ko kututturen itacen da ruwan dam ya shanye yana tsaye a ƙasa ba a ganinsa, ko yarinya ɗaya ta tsorata ta miƙe tsaye, shi ke nan. Kuma in jirgi ya kife da waɗanda ba su iya ruwa ba, kowa wanda ke kusa da shi yake cafka. Hausawa sun ce wanda ruwa ya ci, ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi. Haka 'yan'uwa ke nutsewa rungume da juna.

A wurin makoki abin da ake faɗa shi ne kwana ya ƙare, haka Allah ya ƙaddara. Gaskiya ne, kuma babu abin da ke riƙe zuciyar uwar da ta rasa 'ya'ya biyu rana ɗaya in ba wannan ba. Ba zan taɓa ƙwace mata shi ba. Amma wannan magana ta mai haƙuri ce, ba ta mai mulki ba. Malamanmu, tun daga waɗanda suka zauna Sifawa da Boɗinga, sun karantar da cewa tawakkali ba ya kore riƙo da sababi, kuma shugaba abin tambaya ne a kan waɗanda aka ba shi kiwo. Hukumar da ta iya auna kubik mita miliyan 15 ta san ƙauyuka nawa ruwan zai raba. Injiniyan da ya zana bango da magudana ya kamata a ce an sa shi ya zana mashiga.

Hatsarin jirgi ba a Shagari kaɗai yake ba. A watan Mayun 2021 wani jirgi ya nutse a kogin Kwara kusa da Warra ta Jihar Kabi da mutane masu ɗimbin yawa, kuma kusan kowace damina sai an ji irinsa a jihar Neja ko Kwara ko Sakkwato. Akwai hukumar tarayya mai kula da hanyoyin ruwa, akwai dokar sa rigar ruwa da hana lodi fiye da kima. Sai dai idon hukuma yana kan manyan koguna, ba ya kai wa ga mashigar ƙauye inda yara ke biyan kuɗin fito da canjin da ke ƙulle a bakin zane. Abin da Shagari ke bukata kuwa bai fi ƙarfin ƙaramar hukuma da jiha ba. Jiragen fito masu faɗi da inji a manyan mashigai, waɗanda za a riƙa gyarawa, ba a kawo ranar ta'aziyya a ɗauki hoto a manta ba. Rigunan ruwa a ajiye a hannun mai unguwa ko Sarkin Ruwa, a ba shi ikon cewa jirgi ya cika, a kuma ba shi ɗan abin da zai sa ya zauna a mashigar. A ɗauko masunta na gado su koya wa yara iyo, maza da mata, kowa da nasa lokaci da mai koya masa. A sare kututturan da ke kan hanyar jirgi lokacin da ruwa ya ja baya. Inda ruwan ya tsuke, a yi gada ko ta ƙafa ce.

Abin da ya fi duka sauƙi, ya kuma fi daɗewa ana amfana, shi ne a kawo itacen wannan tsallake. Jihar Sakkwato tana cikin jihohin da shirin nan na kafa katangar bishiyoyi don tare hamada ya shafa. Ga ruwa a kwance shekara zagaye, ga ƙasa a gefensa. Kowane ƙauye da ke bakin dam zai iya samun gandun itacen girki nasa, na darbejiya da bagaruwa da sauran masu saurin girma, a bayan gari inda yarinya za ta je da ƙafa ta dawo kafin azahar. A haɗa da murhun laka mai tsimin wuta, wanda matan gari za su iya ginawa da hannunsu. Ruwan da ke rayar da albasar da ake kaiwa Legas ba zai kasa rayar da dashen da zai dafa tuwon Gidan Magana ba.

Da la'asar sakaliya, in iska ta kwanta, ruwan Shagari yana da kyaun da ke sa baƙo ya yi shiru. Belbelu suna komawa kan itatuwa, injinan ban-ruwa suna mutuwa ɗaya bayan ɗaya, shanu suna hawowa daga mashaya. A bakin mashiga akwai mata tsaye, wasu da goyo, ba wanki suka zo ba, ba ɗiban ruwa ba. Idonsu yana kan ɗigon baƙin da ya taso daga wancan tsallake. Yana matsowa ana fara rarrabe ɗaurin itace da kawunan yara, kowace uwa tana ƙirga nata da leɓe. Sai gaban jirgin ya daki laka sannan ake jin muryoyinsu, wannan tana faɗan an daɗe, waccan tana taya 'yarta ɗora kaya. Matuƙin ya kwarfe ruwan da ya taru, ya kafa gorarsa, ya ɗaure jirgin a jikinta, ya ce musu gobe da wuri zai tashi.